Daga Rumfar Kasuwa zuwa Rumfar Zaɓe: Matan Kaduna na Farko da Neman 'Yancin Ƙuri'a

Shirin faɗakarwa na wannan mako zai waiwayi tarihin matan da suka fara kafa zama a garin Kaduna, musamman waɗanda abincinsu ya rataya a kan Babbar Kasuwar Kaduna da unguwannin da ke kewaye da ita a arewacin kogi, sannan ya bi sawun gwagwarmayar da aka sha kafin macen Arewacin Nijeriya ta samu 'yancin jefa ƙuri'a. Abin da ake nufi da 'yancin ƙuri'a shi ne damar da doka ke bai wa baligi ta sa hannu a zaɓen waɗanda za su yi masa dokoki su kuma kashe kuɗin baitulmali da sunansa, kuma wannan dama ba ta iso ga matan Arewa ba sai a shekarar 1976, wato shekara goma sha shida bayan ƙasar ta samu mulkin kai.

Kaduna ta sha bamban da Kano da Katsina da Zariya, domin ita ba ta gaji ganuwa ko fadar sarki mai dogon tarihi ba. Kafin zuwan Turawa, ƙauyukan Gbagyi, waɗanda Hausawa ke kira Gwari, su ne a warwatse a bakin kogin da ake cewa kadojin cikinsa ne suka ba garin suna. Gwamna Lugga ya zaɓi wurin saboda ruwa da fili da kuma hanyar jirgin ƙasa da ta ratsa ta nan zuwa Kano, wadda aka kammala a 1911, aka fara kwaso sojoji da ma'aikata, har aka mayar da hedikwatar lardunan Arewa daga Zungeru zuwa Kaduna a 1917. Bayan kimanin shekara goma kuma layin dogo na gabas, wanda ya taso daga Fatakwal ya biyo ta Kafanchan, ya zo ya haɗe da na farko, garin ya zama mahaɗar jiragen ƙasa. Waɗanda aka tsara garin dominsu maza ne: soja da ɗan sanda, akawu da masinja, lebura da magini, kuku da boyi. Sai dai gari ba ya rayuwa da bariki da ofis kaɗai, tun da dole ne a daka hatsi, a tuƙa tuwo, a ɗebo ruwa, a karɓi haihuwa, kuma waɗannan ayyuka ne suka jawo mata tun daga shekarun farko.

Matan sun zo ta hanyoyi daban-daban. Wasu sun biyo mazajensu sojoji daga Zungeru da Lokoja, suka zauna a layin bariki. Wasu matan leburorin reluwe ne. Wasu kuma zawarawa ne da suka baro garuruwansu bayan mutuwar aure, ko waɗanda suka fito daga ƙangin bauta a lokacin da dokokin Turawa suka fara warware igiyarsa, suka nemi wurin da ba wanda zai tambayi asalinsu. Matan Gbagyi, waɗanda aka san su da ɗaukar kaya a kafaɗa maimakon a ka, su ne ke shigo da doya da itace da tukwane daga ƙauyuka, matan Fulani na kawo nono da man shanu daga rugage, Nufawa da Yarabawa suka riƙe cinikin tufafi da goro da kayan koli, daga baya matan Ibo suka iso da garin rogo da manja ta layin gabas. Sunayen unguwanni irin su Unguwar Kanawa da Tudun Nufawa har yau suna shaida cewa garin na baƙi ne, kowane rukuni ya sauka kusa da nasa, kuma kasuwa ce kaɗai filin da dukkansu ke haɗuwa kullum, da Hausa a matsayin harshen ciniki.

Akwai kuma wani ɓangare na wannan tattalin arziki da ido ba ya gani daga bakin titi, wato sana'ar matan kulle. Kulle shi ne tsarin auren da mace ba ta fita sai da izinin miji, galibi da dare ko don wata lalura, kuma masana irin su Mary Smith, wadda ta rubuta tarihin rayuwar Baba ta Karo daga bakinta a ƙasar Zazzau aka buga shi a 1954, sun nuna cewa al'adar ta ƙara yaɗuwa bayan hana bauta, saboda matan da a da ake tilasta musu noma sun ɗauki zaman gida a matsayin alamar 'yanci da daraja. Macen da ke cikin kulle tana soya ƙosai, tana dama fura, tana matsar man gyaɗa ta fitar da ƙuli-ƙuli, tana saƙa da ɗinkin hula, yara su kai talla tashar jirgi da bakin kasuwa, dillaliya kuma, wato macen da ke yawo gida-gida da kayan sayarwa a kan la'ada, ita ce gadar da ke tsakanin tsakar gida da rumfa. Jarinsu daga adashi yake fitowa, inda kowace ke zuba wani abu a hannun uwar adashi, a riƙa kwasa bi da bi. Macen da ta iya riƙe lissafin zubi na mata ashirin a ka, ba tare da takarda ba, ba za a ce hankalinta bai kai na bambance alamomin jam'iyyu irin su fartanya da tauraro a jikin akwatin zaɓe ba, amma kusan abin da aka shafe shekaru ana faɗa ke nan.

A wasu sassan duniya, sababbin matsugunai ne suka riga tsofaffin birane bai wa mata ƙuri'a. Yankin Wayomin na yammacin Amurka ya yi haka a 1869, shekara hamsin da ɗaya kafin ƙasar gaba ɗaya ta amince a 1920, Niyuzilan kuma ta yi a 1893, alhali Ingila ba ta fara ba sai a 1918, shi ma ga matan da suka kai shekara talatin, kafin a daidaita su da maza a 1928. Dalilin da ake yawan bayarwa shi ne, a wurin da kowa baƙo ne kuma hannaye suka yi ƙaranci, aikin mace yana fitowa fili har ya yi wuyar musantawa, ko da yake bai kamata a manta ba cewa waɗancan matsugunai a kan ƙasar wasu mutane aka kafa su. Kaduna ma sabon matsuguni ce, aikin mata ma a fili yake, sai dai ita an gina ta ne don ta zama kujerar mulkin da ya dogara ga sarakuna da hukumominsu na gargajiya da ake kira En'e, saboda haka dokar da za ta hau kan mai tuwo-tuwo ta unguwar Tudun Wada ita ce wadda sarakunan lardi goma sha biyu za su iya lamunta.

Zaɓen majalisar dokoki ya shigo Nijeriya da tsarin mulkin Kilifod na 1922, wanda ya ware kujeru huɗu kacal, uku a Legas ɗaya a Kalaba, ga mazan da ke samun fam ɗari a shekara. Arewa ba ta ɗanɗana zaɓe na sosai ba sai a ƙarƙashin tsarin Makfasan na 1951, kuma shi ma zaɓe ne na hawa-hawa: baligan maza masu biyan haraji su taru a unguwa ko ƙauye su tsayar da wakilai, waɗannan su zaɓi na gunduma, a yi ta hawa har a kai matakin lardi, inda En'e ke da ikon cusa nata mutane kafin a fitar da waɗanda za su tafi majalisa a Kaduna. Da yake haraji galibi a kan magidanta da samari ake yanka shi, kuma ƙa'idar zaɓen ta ambaci maza ƙarara, mace ba ta da ko ƙofar shiga matakin farko, ko da kuwa ita ce ta biya wa mijinta harajin daga ribar ƙosai, abin da ba baƙo ba ne a gidajen talakawa idan 'yan doka suka matsa. Macen kasuwa tana biyan kuɗin rumfa, hukuma na karɓa ta ba ta rasit, amma sunanta ba ya cikin kowace takardar masu zaɓe. A Kudu kuwa al'amura sun yi gaba: matan Legas sun jefa ƙuri'a a zaɓen majalisar gari na 1950, Jihar Gabas ta buɗe wa mata ƙofa a 1954, Jihar Yamma ta fara da mata masu biyan haraji kafin ta game kowa, kuma wannan ya biyo bayan dogon tarihi na boren matan kasuwa, tun daga na Aba a 1929 har zuwa na Abekuta ƙarƙashin Funmilayo Ransome-Kuti, wanda ya sa Alake Ademola ya sauka daga gadon sarauta na wani lokaci a 1949.

Jam'iyyar da ta fara ɗaukar maganar mata da gaske a Arewa ita ce NEPU, Jam'iyyar Neman Sawaba, wadda aka kafa a Kano ranar 8 ga Agusta 1950, Malam Aminu Kano ya zama jagoranta daga baya. Hujjar Malam Aminu daga cikin addini ya ɗauko ta, yana tunatar da jama'a cewa Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya yi kakkausar suka ga malaman da ke barin matansu da 'ya'yansu cikin jahilci, kuma 'yarsa Nana Asma'u ta kafa tsarin 'yan taru, inda masu laƙabin jaji, wato shugabannin ayarin mata, ke zuwa ɗaukar karatu su koma ƙauyuka su koyar. Wadda ta zama fuskar wannan kira ita ce Hajiya Gambo Sawaba, kuma tarihinta da kansa tarihin baƙunta ne irin na garuruwan layin dogo. An haife ta a 1933, sunanta na yanka Hajaratu, mahaifinta mutumin Gana ne da aikin reluwe ya kawo shi, mahaifiyarta Banufiya ce, ta tashi a Sabon Garin Zariya, aka kira ta Gambo saboda ta biyo tagwaye, laƙabin Sawaba kuma daga taken jam'iyyarta ya samo asali. Ta shiga NEPU tun ba ta cika shekara ashirin ba, ta shugabanci reshen mata, ta yi tattaki har Abekuta don ganawa da Funmilayo Ransome-Kuti, ta riƙa shiga gidajen kulle tana yi wa mata bayanin siyasa da illar auren wuri da aikin tilas. Sakamakon da ta samu shi ne kotunan alƙalai da gidajen yari na En'e: an ɗaure ta a Kano, an kore ta daga garin, an yi mata duka da aski, kuma masu tarihinta sun ƙidaya ɗauri goma sha shida.

Makamin da ya fi duka da ɗauri kaifi shi ne baƙin suna. A garin baƙi kamar Kaduna, inda mace da yawa ba ta da uba ko wa a kusa da zai tsaya mata, kalmar 'yar bariki tana iya rushe mutuncin shekaru cikin yini ɗaya, kuma duk macen da ta hau mumbarin taro ko ta yi ankon jam'iyya an riƙa jefa ta cikin sahun karuwai. Gaskiya ne cewa rassan mata na jam'iyyun wancan zamani, har da na jam'iyya mai mulki, sun dogara sosai ga mata masu zaman kansu da magajiyoyinsu, saboda su ne ba su da mijin da zai hana su fita, kuma su ne ke dafa abincin taro, su yi guɗa, su cika fili. Abin lura a nan shi ne, jam'iyyar da ke ganin bai dace mace ta jefa ƙuri'a ba, ba ta ga aibin mace ta raka ɗan takara da waƙa ba. Wannan tambari ya sa matan aure masu mutunci da manyan 'yan kasuwa, waɗanda su ne za su fi ba kiran nauyi, suka ja da baya, kuma a nan ne gwagwarmayar Arewa ta bambanta da ta Abekuta, inda ƙungiyar matan kasuwa ta tsaya a matsayin runduna guda.

A 1956, shekarar da aka cire Kaduna daga ƙarƙashin En'e ta Zazzau aka mayar da ita yankin babban birni mai hukumar kansa, Gambo Sawaba ta jagoranci mata zuwa ofishin Firimiyan Jihar Arewa, Sardaunan Sakkwato Sir Ahmadu Bello, suna neman a sa mata cikin zaɓuɓɓuka masu zuwa. An saurare su, amma doka ba ta sauya ba. Matsayin Sardauna, kamar yadda ya bayyana shi a littafin tarihin rayuwarsa na 1962, shi ne cewa lokacin zai zo, sai dai a wancan zamani abin ya saɓa wa al'ada da ra'ayin mafi yawan mazan jihar, kuma shi ba zai tilasta musu ba. Adalci ya wajabta a ce gwamnatinsa ta buɗe makarantun 'yan mata ta kuma tura wasu karatun jinya da koyarwa, kuma tsoron da take yi na tunzura sarakuna da malamai a daidai lokacin da ake shirin karɓar mulki ba ƙirƙira ba ne. Amma akwai lissafin siyasa a ciki, domin matan da za su fi saurin fitowa zaɓe su ne na Sabon Gari da garuruwan reluwe da yankunan da ba na Musulmi ba, wuraren da NEPU da jam'iyyun tsakiyar Nijeriya da na Kudu suka fi ƙarfi, alhali matan kulle na yankunan da jam'iyyar NPC mai mulki ta dogara da su ana zaton za su zauna a gida. Tarurrukan tsarin mulki da aka yi a Landan a 1957 da 1958 sun bar wa Arewa zaɓinta, Turawan da matansu suka shekara talatin suna zaɓe ba su ga dalilin matsawa ba.

Zaɓen tarayya na Disamba 1959 ya fito da rashin daidaiton a fili. Majalisar Wakilai tana da kujeru 312, aka ware wa Arewa 174 bisa yawan jama'arta, kuma a cikin wannan yawan an ƙidaya kowace mace da kowace yarinya, amma ranar zaɓe maza kaɗai suka shiga layi. Ma'ana, yawan mata ya samar wa jihar rinjaye a Legas, su kuwa matan ba su da ta cewa a kan wanda zai zauna a kujerun. Hujjar cewa addini ko al'adar Hausa ce ta hana tana raunana idan aka leƙa ƙetaren iyaka, domin dokar da Faransa ta zartar a Yunin 1956 ta bai wa kowane baligi, namiji da mace, ƙuri'a a ƙasashen da take mulka, saboda haka Bahaushiyar Maraɗi da Damagaram ta samu 'yancin zaɓe tun daga zaɓen majalisar yanki na 1957, shekara kusan ashirin kafin 'yar uwarta ta Katsina, wadda watakila kakarsu ɗaya. Turkiyya ta bai wa mata wannan dama tun 1934, Masar kuma a 1956.

Shekarun Jamhuriya ta Farko sun wuce ba tare da sauyi ba. A 1963 aka kafa Jam'iyyar Matan Arewa a Kaduna, wadda duk da sunanta ƙungiyar taimakon jama'a ce ta matan manyan ma'aikata da 'yan boko, irin su Hajiya Laila Dogonyaro, kuma ta fi mayar da hankali ga marayu da ilimin mata, hanyar da ta fi ta Gambo Sawaba laushi amma ta saba wa mutane ganin matan aure suna taro suna riƙe ofis. Juyin mulkin Janairun 1966 ya rufe siyasar jam'iyyu gaba ɗaya, rikicin wannan shekara da yaƙin basasar da ya biyo baya suka kwashe matan Ibo da yawa daga rumfunansu na Kaduna, maza da mata kuma suka zama daidai ta fuska guda, wato babu mai zaɓen kowa.

Abin da majalisar farar hula ta ƙi yi, gwamnatin soja ce ta yi shi da alƙalami. Gyaran ƙananan hukumomi na 1976, a zamanin Janar Olusegun Obasanjo da mataimakinsa Shehu Musa 'Yar'aduwa, ya rushe tsarin En'e ya kafa ƙananan hukumomi iri ɗaya a duk ƙasa, kuma ƙa'idojin zaɓen kansiloli na ƙarshen wannan shekara ba su ware mace ba, ko da yake a wurare da dama zaɓen na hawa-hawa ne. Tsarin mulkin 1979 ya tabbatar da 'yancin ga duk ɗan ƙasa da ya kai shekara goma sha takwas, duk da cewa kwamitin da ya rubuta daftarinsa mutum arba'in da tara ne kuma babu mace ko ɗaya a cikinsu. A zaɓuɓɓukan 1979 matan Kaduna suka yi layinsu daban da na maza a rumfunan zaɓe, da mayafi da goyo, jam'iyyar PRP ta Malam Aminu Kano mai alamar mabuɗi ta ci kujerar gwamna a Kano da Kaduna, inda Alhaji Balarabe Musa ya hau, ita kuma Gambo Sawaba, wadda a lokacin ta koma jam'iyyar GNPP har ta riƙe muƙamin mataimakiyar shugaban jam'iyya, ta jefa ƙuri'arta ta farko a zaɓen tarayya tana da shekara arba'in da shida.

Da ƙuri'ar mata ta zama abin ƙidaya, lissafin da ya hana ta a da shi ne ya juya ya zama mai neman ta, tun da duk yankin da ya bar matansa a gida ya yarda ke nan a rinjaye shi da rabin ƙarfinsa. Sheikh Abubakar Mahmud Gumi, tsohon Alƙalin Alƙalan Jihar Arewa kuma na kusa da Sardauna, wanda a wancan zamani tafsirinsa na Masallacin Sultan Bello ke isa ko'ina ta gidan rediyon Kaduna, yana cikin malaman da suka fito kafin zaɓen 1983 suna kira ga magidanta su bar matansu su yi rajista su fita zaɓe, kiran da ya jawo muhawara mai zafi a lokacin. Bayan rasuwarsa a 1992 aka sa wa Babbar Kasuwar Kaduna sunansa. Hajiya Gambo Sawaba ta rasu a watan Oktoba na 2001, aka sa sunanta a babban asibitin da ke Ƙofar Gayan a Zariya da wani ɗakin kwanan ɗalibai mata a Jami'ar Bayero ta Kano. Jihar Kaduna ba ta zaɓi mace a kujerar mataimakin gwamna ba sai a 2019, lokacin da Dakta Hadiza Sabuwa Balarabe ta hau, shekara arba'in da uku bayan gyaran 1976, kuma har zuwa zaɓen 2023 babu jiha ko ɗaya a Nijeriya, Kudu ko Arewa, da ta zaɓi mace a matsayin gwamna.